Rawar Yaƙin Ohafiya Bayan Yaƙin Basasa: Tsokaci a Kan Nazarin Azuonye da McCall

Yaƙin basasar Nijeriya, wanda aka gwabza daga Yulin 1967 zuwa Janairun 1970, ya ɗaiɗaita garuruwan ƙasar Ibo, amma bai kashe rawar yaƙin mutanen Ohafiya ba, watau iri agha. Ohafiya tana cikin Jihar Abiya ta yanzu. A wannan rawa jagora kan ɗauko wani katako a ka, ɗauke da sassaƙaƙƙun kawunan mutane, yana karkaɗa ƙirji da kafaɗu. Kawunan suna tuna zamanin da ba a ɗaukar namiji cikakke sai ya dawo daga fagen fama da kan abokin gāba.

Masana biyu sun dubi al'adar ta fuskoki daban. Chukwuma Azuonye ya tattara waƙoƙin daga bakin mawaƙa irin su Kaalu Igirigiri a shekarun 1970, ya kuma gabatar da kundin digirinsa na uku a Jami'ar Landan a 1979. John McCall kuwa, a littafinsa Dancing Histories (2000), motsin jiki ya fi mayar wa hankali. Ra'ayinsa shi ne rawar ta rayu domin ma'anar "kai" ta sauya: wanda ya samo digiri, ko ya yi arziki a fatauci, shi ma ya kawo kai gida, ya cancanci a taka masa rawa.

Wannan bayani yana da ƙarfi, domin ya nuna al'ummar da ta ɗanɗani ɗacin yaƙin zamani ta riƙe kirarin jarumta ba tare da ta koma ga takobi ba. Sai dai manazarcin harshe ba zai gamsu da shi kaɗai ba. Taken ganga da karkaɗa ƙirji suna iya zuwa kowane dandali, har wurin tarbar manyan baƙi, kowa ya yi tafi. Dogon labarin da mawaƙi ke rerawa kuwa a ɗaure yake da karin harshen Ohafiya da sunayen kakanni, kuma mai sauraro sai ya san dangogin kafin ya gane inda aka dosa. A nan ne aikin Azuonye ya fi amfani, domin ya adana matanin waƙoƙin tun ƙurar yaƙi ba ta gama lafawa ba, ta yadda za a iya auna su da abin da mawaƙan baya suke rerawa.