Tsiraici a Idon Wa? Sharhi Kan Finafinan Al'adun Fulani

A wannan maƙala muna so mu duba yadda masu ɗaukar finafinan al'adu kan nuna jikin makiyayi, musamman saboda abin ya shafi Fulanin dajin Rugu, wanda ya ratsa ƙasashen Batsari da Safana.

A Turai akwai masu aƙidar zama tsirara, waɗanda kan tuɓe a bakin ruwa da gangan, kamar yadda ake yi a Jamus da wasu wurare na Rasha. Idan aka ɗauke su a fim, da saninsu ne, domin tuɓewar ita ce saƙonsu. Kuskuren da muke gani shi ne a zo wa Bafulatani da irin wannan ido. Saurayin da ya cire riga a filin shaɗi, wato sharo, ya tsaya riƙe da madubi ana zuba masa bulala bai motsa ba, yana nuna jarunta ne a gaban dangi da 'yan mata, bisa ƙa'idojin da kowa a wurin ya sani. Babu mai kiran wannan tsiraici. Amma da zarar an yanke hoton ƙirjinsa an kai wa baƙon da bai san ƙa'idar ba, to an tuɓe shi a inda bai yarda ba.

Alal misali, mu ɗauki fim ɗin da Bajamushe Werner Herzog ya yi a 1989 kan Woɗaaɓe na Jamhuriyar Nijar. Hotunansa na da kyau ƙwarai, ba mu musa ba. Sai dai ya ɗora waƙar coci ta Turai a kan fuskokin samarin da suka yi kwalliyar bikin Gerewol, alhali kuwa samarin na rera tasu waƙar. Mai kallo ya ga fararen haƙora da idanu, ya sha mamaki, amma a daidai lokacin an toshe masa kunne daga abin da ke ba kwalliyar ma'ana. Fim ɗin Robert Gardner na 1981 ya fi barin muryarsu ta fito, ko da yake shi ma bai cika ba su damar yin bayani da bakinsu ba.

Yau da rashin tsaro ya watse rugage da dama a Rugu, abin da aka riga aka ɗauka ne jikokin waɗannan samari za su gani. Saboda haka muke ganin wajibi ne ɗalibanmu masu sha'awar wannan aiki su fara neman izinin arɗo da na mai jikin, su kuma mayar da fim ɗin ruga a kalla kafin a kai shi birni.