Wa za a ji a kan mutuwar Kyaftin Cook?



A watan Janairu na 1779 jiragen ruwa biyu na Ingila, ƙarƙashin Kyaftin James Cook, suka tsaya a gaɓar Kealakekua, a tsibirin Hawai. Mutanen wurin suka tarbe shi da girmamawa, suka yafa masa jan ƙyalle, suka kai shi wurin bautarsu. Ya tashi a farkon Fabrairu, iska ta lalata itacen filafilan jirginsa, ya komo gyara. Sai aka sace masa ƙaramin kwale-kwale. Ya sauka don ya kama sarkinsu ya yi garkuwa da shi, nan aka kashe shi ranar 14 ga wata.

Masanin al'adu na Amurka, Marshall Sahlins, ya ce zuwan Cook na farko ya dace da lokacin bikin Makahiki, sa'ad da suke jiran abin bautarsu Lono, shi ya sa suka ɗauke shi a matsayin Lono. Komowarsa kuwa bayan biki ya wuce ita ta ɓata lissafi. A 1992 Gananath Obeyesekere, ɗan ƙasar Siri Lanka, ya fitar da littafi yana musun haka, kuma hanyarsa muke son dubawa.

Tambayarsa tana da nauyi. Wa ya rubuta labarin? Ma'aikatan jirgi ne, waɗanda ba su ji harshen ba sai kaɗan, kuma suna da abin da suke so a ji a gida. A ganinsa Turawa ne suka daɗe da son tatsuniyar nan, wai duk inda suka sauka sai a ɗauke su ba mutane ba. Masu tuƙa kwale-kwale a tsakiyar teku suna bin taurari, ai ba za su kasa gane mutum mai ci da sha ba. Ya ce sarauta kawai suka naɗa masa don ya taya su yaƙi. Nan kam mun jinjina masa, don ya tilasta a binciki mai ruwaya kafin a karɓi ruwaya.

To, amma ga inda muka rabu. Akwai shaidar 'yan Hawai su da kansu. Ɗaliban makarantar mishan ta Lahainaluna sun bi dattawa suna tambaya, aka buga abin da suka tara da harshensu a 1838, kuma a ciki an kira Cook da sunan Lono. Obeyesekere ya raunana wannan shaida, wai mishan ne suka cusa musu. Mai yiwuwa an cusa wani abu, shekara kusan 60 ba kwana biyu ba ce. Sai dai kun ga abin da ya faru: wanda ya zo kare mutanen tsibiri shi ne ya hana su baki. Ya kuma auna tunaninsu da abin da ya sani na ƙasarsa, alhali Siri Lanka daban, Hawai daban. Sahlins ya kama shi a nan cikin martaninsa na 1995.

Akwai kuma kalmar da rigimar ta rataya a kai, wato akua. Turawa sun fassara ta da abin bauta, amma 'yan Hawai suna faɗinta har ga manyan sarakunansu da abubuwan ban mamaki. Ɗalibanmu na Larabci sun san yadda kalma ɗaya take ƙuntata idan ta shiga wani harshe. Da Obeyesekere ya zauna a kan wannan kalma ya rage faɗa da shaidu, da hujjarsa ta fi tsayawa.