Yaro a Idon Agustin: Sharhi a kan Kashi na Farko na Littafinsa "Confessiones"

A cikin malaman addinin Kirista na zamanin da, da wuya a sami wanda ya tsaya ya dubi jariri da idon basira kamar Agustin, bishof na Hippo, garin da a ke kira Annaba yanzu a ƙasar Aljeriya. An haife shi a Tagaste cikin shekarar 354, ya rasu cikin 430. Littafinsa da mu ke nufin dubawa ya rubuta shi da Latin wajen shekarar 397 zuwa 400, kashi goma sha uku ne, sunansa kuwa ya ɗauki ma'ana biyu, watau furta zunubi da furta yabon Ubangiji. Kashi na farko kaɗai ya shafe mu, gama a nan ne ya yi maganar jarirantaka da ƙuruciya. Abin da mu ka gani a ciki shi ne, idon mutumin ya fi hukuncinsa adalci.

Ya fara da amincewa cewa ba ya tuna zamanin da ya ke shan nono. Abin da ya sani ya ji ne daga iyaye da masu reno, sauran kuwa ya kwatanta da jariran da ya gani. Sa'an nan ya kawo shaidarsa wadda ta shahara: ya ga wani jariri, ko magana bai fara ba, yana harara ɗan'uwansa na shan nono, fuskarsa ta sāke don kishi, alhali nonon ya wadaci su biyun. Daga nan ya yanke cewa rashin laifin da a ke jingina wa jariri a gaɓoɓinsa marasa ƙarfi ya ke, zuciyarsa kuwa ba ta kuɓuta ba. Ya ƙarfafa wannan da Zabura ta 51.

Kowace uwa a ƙasar nan ta san wannan kishi, ta ga yadda yaron da aka yaye ya ke duban ƙanensa a cinya. Ganin Agustin daidai ne. Amma fa daga harara guda zuwa zunubin da aka gada tun daga Adamu tafiya ce mai nisa, kuma ya yi ta da taki ɗaya. Jaririn da ba shi da hanyar sanin cewa nono ba zai ƙare ba, tsoro ne ya kama shi ko mugunta? Agustin bai tsaya kan wannan tambaya ba, domin ya riga ya zo da amsarsa. Mai karatu Musulmi, wanda ya tashi da sanin cewa kowane ɗa a kan fiɗira a ke haifarsa, kuma ba a rubuta masa laifi sai ya balaga, zai ji maganar ta yi masa nauyi. Ya kamata ya sani Kiristoci da yawa ma sun ji nauyinta tun a wancan zamani.

Inda littafin ya yi armashi shi ne wajen makaranta, kuma malamai masu horar da malamai su ne su ka fi cancanta su karanta wurin a tsanake. Ya ba da labarin yadda ya koyi harshen gidansu ba tare da bulala ba: manya su kan ambaci abu su nufe shi, shi kuwa yana lura da fuska da murya da motsin jiki, har ya riƙe sunan. (Wannan wuri ne masanin falsafa Wittgenstein ya buɗe littafinsa na 1953 da shi, don ya yi jayayya da shi.) Da aka kai shi makaranta sai duka ya zo. Addu'arsa ta farko da ya tuna ita ce kada a buge shi, iyayensa kuwa, masu ƙaunarsa, dariya su ke yi wa tabon bulalar. Girkanci, da aka cusa masa da tsoro, ya ƙi shi; waƙar Birjil ta Latin kuwa har kuka ya yi wa Dido, sarauniyar Kartaj. Ya lura da kansa cewa marmarin sani ya fi tsoro koyarwa.

Ya ƙara da abin da ya fi wannan kaifi. An buge shi don wasan ƙwallo, amma malamin da ya buge shi, in wani malami ya kā da shi a gardama maras amfani, ya fi shi ɓacin rai. Wasan manya, in ji shi, sana'a a ke ce masa, na yara kuwa laifi. Nan Agustin ya tsaya bayan yaro sosai, ya tuhumi manya. Sai dai bai daɗe a wurin ba. Da ya gama yabon marmarin sani, sai ya juya ya ce tilas ɗin ma daga Allah ta ke, don ta tsare marmarin kada ya malala. Mu a namu karatu, wannan juyawa ita ce rauni mafi girma a kashin, gama labarin da ya bayar da bakinsa bai goyi bayanta ba: bulalar ba ta sa ya ƙware a Girkanci ba. Masu cewa icce tun yana ɗanye a ke tanƙwara shi za su sami abin dogara a hukuncinsa, amma ba za su samu a shaidarsa ba.

Akwai kuma Linjila da ta tsaya masa a gaba. A Markus sura 10 Yesu Almasihu ya tsawata wa almajiransa da su ka hana a kawo masa yara, a Matiyu sura 18 kuma ya tsai da yaro a tsakiyarsu ya sa shi abin koyi. Agustin ya warware wannan da cewa ƙanƙantar jikin yaro kaɗai aka yaba, don alama ce ta tawali'u. Halin yaron kuwa, a ganinsa, shi ne na babba: kwaɗayin goro da ƙwallo da tsuntsaye shi ne ya kan girma ya zama kwaɗayin zinariya da gonaki da bayi. Fassarar tana da hikima, amma ta mai da yaron hoto kawai, alhali Markus ya ce an rungume shi an sa masa albarka.

Maganar ba ta tsaya cikin takarda ba. A jayayyarsa da Felajiyus, wanda ya musanta gadon zunubi, Agustin ya kai ga cewa jaririn da ya mutu ba a yi masa baftisma ba yana cikin hukunci, ko da ya ke mafi sauƙin hukunci ne. Taron bishof-bishof na Kartaj na 418 ya la'anci koyarwar Felajiyus. Malaman tsakiyar zamani su ka sassauta da zancen wani matsayi da a ke kira limbo, inda babu azaba, babu kuma ganin Ubangiji. A shekarun 1960 Karl Rahner, malami Bajamushe, ya rubuta cewa ƙuruciya tana da daraja a kanta, yaro cikakken mutum ne a gaban Allah tun daga farko. Cikin 2007 hukumar malaman tauhidi ta fadar Paparoma, da yardar Benedik na 16, ta ce akwai dalilai masu ƙarfi na sa rai irin waɗannan jarirai za su tsira. Tsakanin Kartaj da wannan magana an yi shekara kusan dubu ɗaya da ɗari shida, kuma a tsakanin nan iyaye da yawa sun binne 'ya'yansu cikin fargaba.

Kada dai a karanta kashin a tsallake ƙarshensa. Can Agustin ya yi godiya don abin da aka ba shi yana yaro: ƙarfin tunawa, da iya magana, da daɗin abota, da ƙin a ruɗe shi, da murna da gaskiya ko cikin ƙananan abubuwa. Ya ce duk waɗannan nagari ne, kyautar Allah ne, kuma su ne shi kansa. Masu taƙaita ra'ayinsa sun fi ambaton jariri mai harara, wannan godiya kuwa ba safai su kan kawo ta ba.