Muryar Ganda, almakashin Rouch

A 1958 Jean Rouch ya fitar da *Moi, un noir*, wanda ya ɗauka a unguwar Treichville ta Abijan tare da ƴan ci-ranin Nijar masu dako da leburanci. Ya taƙaita nasa sharhin, ya bar Umaru Ganda, tsohon sojan yaƙin Indocin, ya kalli hotunan ya ɗora musu muryarsa: talauci, neman aikin yini, da burin zama zakaran dambe. Ƙarfin fim ɗin yana cikin wannan muryar.

Sai dai kyamara da almakashin tacewa suna hannun Rouch. Shi ke zaɓen abin da za a nuna da abin da za a zubar, kuma shi aka miƙa wa lambar Louis Delluc. An ba Ganda baki, wuƙa da nama kuwa suna wurin wani.

Ganda ne ya cike giɓin da kansa. Ya shirya *Cabascabo* a kan tsohon soja irinsa, sannan a 1972 *Le Wazzou polygame* ya ci babbar lambar FESPACO a Wagadugu. Masu zuwa yau ɗaukar ƴan bori ko matafiyan Agadas da sunan haɗin gwiwa, a tambaye su wa zai riƙe almakashin.