Jinjina ga Tashar Jirgin Ƙasa ta Dent

A arewacin Ingila, kan layin dogon Settle zuwa Carlisle, akwai ƙaramar tashar Dent da aka buɗe a 1877. Tana bisa tudu mai tsayin mita 350, fiye da mil huɗu daga ƙauyen da ta ci sunansa. An rufe ta a 1970, amma jama'a ba su saduda ba har aka sake buɗe ta a 1986. Babu mai sayar da tikiti, sai dandamali biyu da ɗakin fakewa idan dusar ƙanƙara ta sauko. Duk da haka jiragen Leeds zuwa Carlisle suna tsayawa kullum. Masu kula da ita, Allah ya saka muku da alheri!