Gaisuwar Manuwa a Majigin Farko: Abin da Hoto Ya Nuna da Abin da Ya Ɓoye

A watan Yuni na 1895 wani Bature mai suna Birt Acres ya ɗauki hoton majigi na bikin buɗe mashigin ruwa na Kiel, wanda Sarkin Jamus Wilhelm na Biyu ya shugabanta. Manuwa, watau jiragen ruwan yaƙi, na ƙasashe da dama sun halarta, har da na Faransa, wadda Jamus ta ci da yaƙi a 1871.

Aibin irin waɗannan hotuna biyu ne. Na farko, bebaye ne. Gaisuwar teku kuwa da igwa ake yinta, kuma a lissafinta girmamawar take, gama bugu 21 na sarki ne ko shugaban ƙasa. Mai kallo sai hayaƙi yake gani, ba ya sanin wa aka fifita. Na biyu, suna nuna ladabi su ɓoye nufi. An haƙa mashigin nan ne domin manuwar Jamus su riƙa ƙetarawa tsakanin tekuna biyu da sauri. A Yuni 1914 manuwar Ingila sun kai ziyarar zumunci Kiel. Ranar 4 ga Agusta ƙasashen biyu suka shiga yaƙi.

Malamin da zai nuna wa ɗaliban Mungadi ko Jega waɗannan hotuna ba ya bukatar kai su bakin teku kafin su fahimta. Sun san jahi, inda mahaya ke sukuwa da makami a hannu su ja linzami gaban sarki su yi jinjina: gaisuwa ce, nuna ƙarfi ne kuma. Sun san labarin 1934, sa'ad da Sarkin Musulmi Hassan ɗan Mu'azu ya ziyarci Argungu, Sarkin Kabi Muhammadu Sama ya karrama shi da bikin su, bayan gabar da ta haura shekara ɗari. Bikin Argungu ya rufe gaba, na Kiel kuwa ya lulluɓe ta ne kurum, alhali a ido duka biyun murna ce a kan ruwa.

Saboda haka lalle ne a ɗauki majigin nan shaidar yadda aka yi biki kaɗai. Abin da ke cikin zukatan sarakuna sai a neme shi a tarihin abin da ya biyo baya.