Barkwancin cikin gida: jiki ya fi baki

Gajerun bidiyoyin barkwanci na Hausa da ke yawo a TikTok da YouTube, waɗanda 'yan uwanmu mazauna Doha ke tura wa juna bayan an tashi aiki, kusan duk a tsakar gida suke faruwa: maigida da uwargida, suruka da ta zo kwana biyu ta zarce, kuɗin cefane da ya yi ɓatan dabo. Sai dai a 'yan shekarun nan dariyar ta bar jiki ta koma baki. Ihu da gori da zage-zage sun maye gurbin tuntuɓe da ɓarin miya, kuma a ganina wannan ci baya ne.

Masu fim a Amurka sun gamu da wannan gwaji lokacin da sauti ya shigo silima a ƙarshen shekarun 1920. Laurel da Hardy, a kamfanin Hal Roach, ba su cika gajerun finafinansu da surutu ba. A fim ɗin Helpmates na 1932, Hardy ya kira abokinsa ya taya shi kintsa gida kafin matarsa ta dawo, amma kowane gyara sai ya haifi sabuwar ɓarna, har gidan ya ƙone ƙurmus. Sautin yana yi wa motsi hidima ne: ƙarar fashewar faranti, sannan shirun Hardy yana zuba wa kyamara ido. Marigayi Rabilu Musa Ibro, wanda ya rasu a 2014, shi ma tafiyarsa da zare idonsa kan sa mutum dariya tun bai buɗe baki ba.

Wani zai ce Hausa harshen habaici ne da zambo, don me za a rage wa baki ƙarfi? Habaici gwaninta ce, a riƙe ta. Amma zagin mace a gaban kyamara ba ya bukatar komai sai maƙogwaro, alhali faɗuwa mai ban dariya sai an yi atisaye an auna lokaci. Doha kanta hujja ce. Yawancin mazaunanta baƙi ne, kuma Bahaushen da ke ɗaki ɗaya da ɗan Nepal ko ɗan Kenya ba zai iya fassara masa gori ba, amma tukunyar da ta kife kowa ya gane ta. Mai barkwancin da ke son aikinsa ya wuce Kano da Maraɗi, ya koma ya koyi sarrafa jikinsa.